Wai sai mun ba shi miliyan uku zai kai Auta Amurka buga ƙwallo

Assalamu alaikum Anti. Ni malamar firamare ce a Kaduna, 'ya'yana biyar. Autata shekarunta 17, bana ta gama sakandare da kiredit bakwai, har da Turanci da lissafi. Tun tana firamare take bin yayyenta maza filin ƙwallo, yanzu kuwa duk wanda ya ga tana taka leda sai ya ja ya tsaya. Tsakiya take bugawa. Bayan wata gasa da suka je Abuja, wani mutum ya karɓi lambata, ya ce shi ejan ne, zai samo mata karatu kyauta a wata jami'a a Amurka, amma sai mun ba shi naira miliyan uku na takardu da biza, kuma a rage mata shekara biyu a fasfo. Shi kuma kocinta ya ce wata ƙungiya a gasar mata ta ƙasa tana son ta sa hannu a kwantiragin shekara uku, da albashi. Babanta ya ce bai haifi 'yar da za ta riƙa gudu da gajeren wando a gaban maza ba, ta rubuta JAMB kawai, in ba haka ba ta fito da miji. Baffanta ma bayansa yake bi. Yarinya ta daina cin abincin kirki. Ina da filin gado a ƙauyenmu, har na fara tunanin sayarwa ba da sanin kowa ba. Anti, yaya zan yi?

Maman Auta

Wa alaikumus salam, Maman Auta.

Filin nan ki bar shi inda yake. Da wannan na fara, don ko da aikin gida ya ɗauke ki kafin ki kai ƙarshen amsar, kin riga kin ji abin da ya fi muhimmanci.

Mutumin nan da bakinsa ya tona kansa. Rage shekaru mummunar ɗabi'a ce ta masu son cusa yaro a ƙungiyar 'yan ƙasa da shekara 17 ko 20. Jami'a me za ta yi da shi? Wace makaranta ce za ta fi son ɗalibar da takardunta suka ce tana da shekara 15 amma ta gama sakandare? Ko dai bai san aikin da yake da'awa ba, ko kuma inda yake son kai ta ba makaranta ba ce. Na biyun ne ya fi tayar mini da hankali, domin da irin wannan romon bakin ake fitar da 'yan mata daga ƙasar nan, su tsinci kansu inda ko ƙwallon roba ba su gani ba. Saboda irinsu aka kafa NAPTIP, hukumar yaƙi da safarar mutane. Kuma ki tuna ranar haihuwar Auta tana rubuce a wurin WAEC, tana cikin NIN ɗinta. Ranar da fasfo ya saɓa da su, an ɗaura mata dutse a wuya ke nan. Wanda ofishin jakadancin Amurka ya kama da ƙarya a takardu ana iya hana shi biza iya rayuwarsa.

Ga yadda abin yake tafiya in na gaske ne. Kocin jami'ar ne da kansa yake neman 'yar wasa. Zai kalli bidiyon wasanninta, ya aiko da saƙo ta adireshin makarantar, ya yi magana da ita da iyayenta ido da ido ta waya. Idan an daidaita, makarantar ce take aiko da takardar da ake kira I-20, da ita ake neman bizar ɗalibi. Kuɗin da ake biya sanannu ne, dala 350 na rajistar ɗaliban waje da ake kira SEVIS da dala 185 na neman biza, kuma kai tsaye ake biya, da rasidi, ba a asusun wani ɗan tsakiya ba. Akwai kamfanonin da ke karɓar kuɗi su haɗa wa yaro bidiyo su tura wa koci-koci, wannan sana'a ce, amma mai gaskiya a cikinsu ba zai taɓa ce miki biza tana aljihunsa ba. Saboda haka ki tambaye shi abu biyu kawai: sunan jami'ar da sunan kocin. Kowace jami'a tana da shafin wasanninta a intanet, da sunan koci da adireshinsa. Ki sa ɗaya daga cikin yayyenta ya rubuta wa kocin ya tambaya ko ya san da zancen. In mutumin ya fara kame-kame, yana cewa sirri ne ko gurbin zai wuce in ba a biya kafin Juma'a ba, kin samu amsarki. Cinikin biri a sama yake so ku yi.

To, amma don mutum ɗaya maƙaryaci ne ba shi ke nuna hanyar ƙarya ce ba. Hanyar tana nan, 'yan matan ƙasar nan sun bi ta. Uchenna Kanu ta tashi daga gida ta tafi jami'ar Southeastern da ke Florida, ƙaramar makaranta wadda ba ta ma cikin babbar ƙungiyar wasannin jami'o'i ta NCAA, ta zura ƙwallaye sama da 100 a raga, daga nan ta buga a Sifaniya da Suwidin da Meziko, ta dawo Amurka a matsayin ƙwararriya. Ita ce ta farke mana ƙwallo a wasan da muka ci Ostireliya 3 da 2 a gasar duniya ta 2023. Deborah Abiodun ta buga wa Rivers Angels, ta je gasar duniya ta 'yan ƙasa da shekara 20 a 2022, sannan ta shiga jami'ar Pittsburgh a 2023. A 2025 ƙungiyar Washington Spirit ta ɗauke ta. Sai dai ki lura da wanda ya ɗauke ta a Pittsburgh: Randy Waldrum ne, wanda a lokacin shi ne kuma kocin Super Falcons. Da idonsa ya ga wasanta. Ba wani ne ya tare mahaifiyarta a bakin fili ya karɓi lamba ba.

Akwai abin da masu yi muku wannan tallar ba sa faɗa. Yawancin 'yan Falcons da ake misali da su a kan jami'ar Amurka, can aka haife su ko can ƙetare suka girma. Michelle Alozie a Kalifoniya aka haife ta. Jennifer Echegini, wadda ta ci mana ƙwallon da ta ba mu kofin Afirka na goma a kan Maroko a Yulin 2025, a Holan aka haife ta, a Ingila ta tashi, kafin ta je Mississippi State da Florida State, ta ci kofin jami'o'i a 2023, Juventus ta ɗauke ta, daga baya PSG. Yarinyar da ta taso a Kaduna, ba fasfon waje, ba kocin da ya taɓa ganinta, tsaunin da ke gabanta ya fi nasu tsawo. Ga kuma biza. A Yulin 2025 Amurka ta mayar da yawancin bizar 'yan Najeriya ta shiga ɗaya mai wata uku, a ƙarshen shekarar kuma aka sa ƙasar nan cikin waɗanda aka taƙaita wa biza, har da ta ɗalibai. Irin wannan doka yau ta tsananta gobe ta sassauta, don haka kafin a kashe ko sisi a tambayi cibiyar EducationUSA da ke Abuja halin da ake ciki. Ta gwamnatin Amurka ce, aikinta ke nan ba ɗalibai shawara.

Cikin dukan waɗannan, labarin Alozie nake so ki ba babanta. Ta yi digiri a fannin ilimin ƙwayoyin halitta a Yale, jami'ar da ba ta ba da tallafin karatu don wasa ko kaɗan, sai don buƙatar iyali. Da ta gama, ba ƙungiyar Amurka da ta zaɓe ta, sai da ta je har Kazakistan ta buga, kafin Houston Dash ta ɗauke ta a 2021. Kuma an san ta da yin atisaye da safe, da rana ta wuce asibitin yara na Texas tana aikin bincike a kan cutar daji. Wannan ce ta ci ƙwallon da ta fitar da Afirka ta Kudu a wasan kusa da na ƙarshe a Maroko. In gwiwarta ta ƙi gobe, tana da wurin zuwa da safe.

Gwiwa kuwa tana ƙi. Tsinkewar jijiyar gwiwa ta fi yawa ga mata 'yan ƙwallo fiye da maza, kuma tiyata ce da jinyar wata tara zuwa shekara. A jami'ar Amurka akwai likitoci da masu gashin ƙashi na ƙungiya. A nan gida sau da yawa uwa ce take sayar da fili, irin wanda kike shirin sayarwa yanzu.

Kada kuma ki ɗauka kowace 'yar jami'a ƙwararriya take zama. Jami'o'in da ke rukunin farko na NCAA masu ƙungiyar mata sun haura 300, babbar gasar ƙwararru ta NWSL kuwa ƙungiyoyi 14 ne a 2025, kuma kowace tana da iyakar baƙin da za ta ɗauka. Ki yi lissafin da kanki, ke malama ce. Mafi ƙarancin albashi a gasar a 2025 dala 48,500 ne a shekara, wanda in kin mayar naira kai zai yi nauyi, amma a can kuɗin ma'aikaci ne mai rufin asiri. Kakar wasan jami'a ma gajeriya ce, daga Agusta zuwa Nuwamba ko farkon Disamba. Sauran shekara aji ne da jarrabawa da sanyin da Auta ba ta taɓa ji ba ko a hunturun Jos, kuma in makinta ya faɗi ƙasa da abin da aka gindaya, benci za ta zauna komai iyawarta. Tallafin ma ba kullum yake cika ba, sau da yawa rabi ne ko kashi ɗaya cikin huɗu, iyaye su ciko sauran. Rukuni na uku ba ya ba da tallafin wasa sam. Wanda ya je don digiri, ƙwallo ta biya masa, ya ci riba. Wanda ya je don ya zama Oshoala, yawanci da digirin dai zai dawo, in ya yi hankali.

Tun da na ambace ta, Asisat Oshoala ta ɗaya hanyar ta bi. Daga FC Robo a Legas zuwa Rivers Angels, ta zama gwarzuwar gasar duniya ta 'yan ƙasa da shekara 20 a Kanada a 2014, sai Liverpool, sai Arsenal, sai Sin, sai Barcelona a 2019, inda ta ci kofin zakarun Turai. Sau shida tana zama gwarzuwar Afirka. Musulma ce, kuma ta sha faɗa cewa iyayenta ba su so ba da farko. Rasheedat Ajibade ma daga Robo ta tafi Norway, daga can Atletico Madrid. Chiamaka Nnadozie daga Rivers Angels ta tafi Paris FC a 2020. Wato gasar gida tana fitar da mutane, ba wasa ba. A Arewa ma akwai Nasarawa Amazons a Lafiya da Adamawa Queens a Yola, kuma Justin Madugu da ya ciyo mana kofin 2025 ɗan Adamawa ne.

Amma na san abin da Auta take gani in ta rufe ido: Shugaba Tinubu yana sanar da dala 100,000 da gida ga kowace 'yar wasa bayan sun dawo daga Maroko. Ki tuna mata cewa waɗannan Falcons ɗin sun yi zaman dirshan a otel a Abuja a 2016 bayan sun ciyo kofi a Kamaru, sun sake yi a Faransa a 2019, sun ƙaurace wa atisaye a Maroko a 2022, duk a kan haƙƙinsu. In na saman bishiya suna kukan kuɗi, ki ƙiyasta na gindinta. Yawancin ƙungiyoyin mata a nan na gwamnatocin jihohi ne, albashi ɗan kaɗan, kuma yakan makara.

Wurin da nake so ki natsu shi ne, hanyoyin nan biyu ba a shiga su yadda aka ga dama. Wadda ta yi jami'a tana iya zama ƙwararriya bayan ta gama. Wadda ta sa hannu a kwantiragin ƙwararru ta fara karɓar albashi tana iya rufe wa kanta ƙofar jami'a. Ƙa'idar da NCAA ta daɗe a kai ita ce, kafin shiga jami'a ɗan wasa zai iya bugawa a ƙungiya muddin abin da ake ba shi bai wuce na ci da sha da masauki da mota ba. Haka kuma yarjejeniya da ejan tana iya jawo matsala. Sannan akwai agogo: ana ba da rangwamen shekara ɗaya bayan gama sakandare, in aka wuce ana ci gaba da buga gasa, sai a fara zaftare shekarun da za ta yi wa jami'a wasa. Dokokin suna ta sauyawa a 'yan shekarun nan, shi ya sa cibiyar tantancewa ta NCAA take duba kowane ɗalibi shi kaɗai, takardun makarantarsa tun daga aji uku na ƙaramar sakandare da duk wata takarda da ya taɓa sa wa hannu. Abiodun ta wuce wannan tantancewar, amma ba hujja ba ce cewa kowane kwantiragi zai wuce.

Saboda haka kwantiragin shekara uku, a shekara 17, ni ban yarda ba. Shekara uku ita ce iyakar abin da dokar FIFA ta yarda a ɗaure wanda bai kai 18 ba, kin ga sun nemi iyakar ke nan. Kuma ba za a iya sayar da ita ƙasar waje ba sai ta cika 18, in ban da wasu 'yan dalilai da ba su shafe ku ba, don haka in koci ya ce Turai na jira wata mai zuwa, zance ne. Ku nemi ta buga kaka ɗaya a matsayin mai koyo, a ba ta na abinci da mota, a rubuce. A rubuta wanda zai biya in ta ji rauni. A rubuta cewa za a sake ta in ta samu makaranta. Ku ga masaukin da idonku, ku ga macen da ke kwana da yaran. Ku kai takardar wurin lauya. Ƙungiyar da ta ƙi waɗannan ba 'yar wasa take nema ba, kaya take nema.

Sai babanta. Maman Auta, a nan zan ɗan taɓa ki. Kin rubuto shi kamar shi ne katangar, alhali a zancen JAMB shi ne mai gaskiya a gidan. Kiredit bakwai ɗin nan su ne jarin yarinyar, sun fi ƙafarta daraja a kasuwar da kike son kai ta, domin koci a Amurka kafin ya gama kallon bidiyo zai tambayi sakamakonta. Ta rubuta JAMB. In ta samu jami'a a nan, akwai wasannin jami'o'in Najeriya na NUGA, akwai ƙungiyoyi a garuruwan da jami'o'in suke, kuma daga jami'ar gida ma ana komawa ta waje. Tsoronsa kuma ba na banza ba ne. A Amurkar da kanta, binciken da wata babbar lauya, Sally Yates, ta fitar a Oktoban 2022 ya nuna yadda wasu koci-koci suka yi shekaru suna cin zarafin 'yan wasa mata a babbar gasarsu, shugabanni suna kawar da kai. Uban da ya tambayi wa zai riƙe masa 'ya a sansani bai yi laifi ba. Ke ma ya kamata ki tambaya.

Inda na saɓa da shi biyu ne. Aure ba horo ba ne da ake yi wa yarinya barazana da shi. Maganar gajeren wando kuwa tana da magani. Tun 2014 dokar ƙwallo ta duniya ta halatta rufe kai a fili, kuma a gasar duniya ta 2023 Nouhaila Benzina ta Maroko ta buga da hijabinta da dogon wando a ƙarƙashin jesi, duniya tana kallo. Saudiyya ma ta buɗe gasar mata a 2022, can Oshoala ta koma a 2025. Ban ce wannan ya warware hukunci ba, ni ba malama ba ce ta wannan fannin. Ku je wurin malamin da shi maigidan ya yarda da shi, ku faɗi yadda abin yake ba ƙari ba ragi, ku ji.

Kuma kada ki tare shi ke kaɗai da daddare yana gajiye. Baffa ya riga ya ɗauki ɓangare, to ki nemi wadda yake jin nauyinta, Hajiyarsa in tana raye, ko babbar yayarsa. Shi kocin, in da gaske yake, ya sa rigarsa ya zo gida ya gaishe da uban yarinya, ya yi bayani a zaure. Ban ga dalilin da zai sa mutum ya nemi sa hannun 'yar mutane shekara uku ba tare da ya taka ƙofar gidansu ba. Abin da za ku kai wa maigida ciniki ne mai sauƙi: ta rubuta JAMB yadda ya ce, ta buga da suturar da ya yarda da ita, ba kwana a waje sai da saninsa, a gwada shekara ɗaya. Ki ga kuwa in kin sayar da fili a ɓoye maganar ta fito, ba zancen ƙwallo za a yi a gidan ba kuma, zancenki za a yi, Auta ce za ta biya.

A cikin shekarar nan akwai aikin da ba ya cin kuɗi. Yayanta ya riƙa ɗaukar wasanninta da waya daga wuri mai tudu, cikakken wasa, ba guntayen da ta yi kyau kaɗai ba, don koci yana son ganin abin da 'yar tsakiya take yi in ƙwallo ba ta ƙafarta. Ki je makarantarsu ki karɓo sakamakonta na kowane zango tun yanzu, kafin fayil ya ɓata. Ta samu wayar da za ta gyara Turancinta na magana. In tana da kyau kamar yadda kika ce, hanyar da ta fi kusa ita ce a gan ta a gasar gida har a kira ta sansanin Falconets, ƙungiyar ƙasa ta mata 'yan ƙasa da shekara 20, nan ne idanun waje suke.

Ita kuma ki zaunar da ita yau, ki faɗa mata gaskiya duka, har da cewa mutumin Abuja ba zai kai ta ko'ina ba. Za ta yi kuka. Ki bar ta ta yi, sannan ki zuba mata tuwo ki ce 'yar tsakiya ba ta minti 90 da yunwa. In kin kira mutumin ya faɗi sunan jami'ar, ki aiko mini, ni ma ina son in gani.